Faifan da na wanke har ya koɗe

Shekara shida na yi a wani sutudiyo da ke Titin Zoo a Kano kafin in tafi Ingila karatun sarrafa sauti a 2021. Aikinmu a can ba shi da wani ɓoyo. Mawaƙi ya zo da baitocinsa, oga ya zauna gaban fiyano ya ɗora kiɗa, ni kuma in naɗi murya, in goge ta, in daidaita inda ta kauce, kafin la'asar an tura wa mai ita ta waya. Gangarmu a cikin fiyano take, kalangunmu ma haka. Ban taɓa kafa makirfo a gaban fatar ganga ta gaske ba, amma da na sauka a Birmingham gani nake babu abin da za a nuna mini.

A unguwar Digbeth akwai tsofaffin masana'antu da aka yanka ɗaki-ɗaki ana ba makaɗa haya su yi atisaye. Nan na samu aikin yamma, ina naɗe waya ina share ƙasa. Duk daren Laraba wasu mutum huɗu kan kama ɗakin ƙarshe. Ranar farko da na tura ƙofarsu na kai musu wayar lasifika, sai da na ja da baya, don ƙarar ba a kunne na ji ta ba, a ƙirji ta buge ni. Mai gangunan ɗan shekara arba'in da wani abu ne, walda yake yi da rana. Mawaƙin direban bas ne, mahaifinsa na cikin dubban da suka rasa aiki lokacin da aka rufe masana'antar motoci ta Longbridge a 2005, kuma rabin waƙoƙinsa a kan wannan suke, da kuɗin haya, da rashin barci. Sai mai jita da mai jitar bas, wa da ƙane. Kiɗan da suke yi shi ake kira hebi metal, wato ƙarfe mai nauyi.

Mutanen garin suna ɗaukar kiɗan nan nasu ne na gado, kuma suna da hujja. A unguwar Aston aka kafa ƙungiyar Black Sabbath a 1968, ƙungiyar Judas Priest ma daga wannan yanki suka fito. Mai jitarmu ba ya gajiya da ba ni labarin Tony Iommi, mai jitar Black Sabbath, wanda injin matse ƙarfe ya datse masa kan yatsu biyu yana ɗan shekara 17, ya ƙera wa yatsun hula da robar kwalba, daga baya ya sassauta tsirkiyar jitarsa don rage zafi, sai amon ya yi ƙasa ya yi kauri. Ni abin da ya fara faɗo mini a rai maƙerar unguwarmu ce: zuga-zugi yana huci, masaba biyu suna sauka kan uwar maƙera ɗaya bayan ɗaya, ga dundufa idan ana biki. Da na fahimci cewa hayaniyar nan tana da lissafi kamar na maƙera, sai kunnena ya buɗe.

A ƙarshen 2023 suka ce suna so su yi faifansu na farko, waƙa takwas, kuma ba su da kuɗin ɗaukar babban injiniya. Na ce zan yi musu kyauta, su biya hayar sutudiyo kawai. Kwana biyar kuɗinsu ya kai.

Ganguna kaɗai suka ci kwana uku. Makirfo goma sha biyu na kafa: biyu a cikin babbar gangar ƙafa, ɗaya sama ɗaya ƙasa a kan ƙaramar gangar tsakiya, kowace gangar gefe da nata, biyu a rataye saman faya-fayen tagulla, biyu can nesa suna ɗaukar amon ɗakin. Da na buɗe su duka sai sautin ya fito siriri kamar ana dukan kwali. Na yi ta ƙara ƙarfi, abin bai gyaru ba. Mai sutudiyon, wani dattijo mai furfura har kafaɗa, ya leƙo ya danna maɓalli ɗaya tak a kan makirfon ƙasa, nan take ganga ta dawo da cikinta. Ashe idan makirfo biyu suna fuskantar fata ɗaya daga sama da ƙasa, lokacin da iska ke tunkarar ɗaya tana gudun ɗayan ne, sai su cinye juna, dole a juya ɗaya. An koya mana wannan a aji, na rubuta a jarrabawa na ci, amma ranar na san shi.

Matsala ta biyu agogon kiɗa ne, wannan ƙas-ƙas da ake sa wa makaɗi a kunne don kada ya yi gaba ko baya. Wata waƙar tasu tana tafiya bugu 180 a minti, ƙafafun mai gangunan biyu kuma suna raba kowane bugu gida huɗu, wato duka 12 a daƙiƙa ɗaya. Yana iyawa. Amma duk sanda aka zo amshi sai ya ɗan ƙara sauri, idan an koma baiti ya lafa. Shekara da shekaru haka suke yi, sauran ukun kuma sun saba binsa ba tare da sun sani ba. Ni kuwa ina kallon allon kwamfuta ina ganin dukansa yana zarce layi, sai in tsayar in ce a sake. Wata waƙar sau goma sha tara muka maimaita. Da yamma ya fito yana matsa gwiwa ya ce mini, "Ɗan'uwa, kai da akwatin nan wa ke ba wani umarni?" Na yi dariya, na ɗauka wasa ne.

Jita ta koya mini abin da har gobe nake amfani da shi. Sun saukar da babbar tsirkiya daga inda aka saba ɗaure ta, inda take kaɗawa sau 82 a daƙiƙa, zuwa wajen 65. Mai jitar ya zo da ampilifayarsa Peavey 6505, ya murɗa maɓallin ɓarzar sauti har ƙarshe yadda yake yi a dandali. A cikin ɗakin kamar aradu, a cikin lasifikar sutudiyo kuwa kamar kudan zuma a gwangwani. Sai da muka rage ɓarzar kusan rabi, muka kafa makirfo Shure SM57 ɗaya a ɗan gefen tsakiyar lasifika, ya kaɗa kowace waƙa sau biyu, na ajiye ɗaya a kunnen hagu ɗaya a dama. Ba kwafa ake yi ba, sake kaɗawa ake yi da hannu, domin 'yar saɓanin da ke tsakanin biyun ita ke sa sautin ya yi faɗi kamar katanga. Sannan na yanke duk abin da ke can ƙasan jitar na bar wa bas da gangar ƙafa wurin. Idan ka ji jitar ita kaɗai sai ka raina ta. Idan bas ta shigo ƙarƙashinta sai bango ya girgiza. Abin mamaki, na ga da idona cewa saɓanin hannun mutum ne ke kawo nauyi a jita, amma hankalina bai ba ni cewa haka abin yake a ganga ba.

Mawaƙin gurnani yake yi, irin wanda ake fitarwa daga saman maƙogwaro da iskar ciki. Awa biyu muryarsa ke ɗauka ta dushe. Na riƙa dafa masa citta da kanumfari da zuma a filas, har ya sa mini suna likita. Ana haka lokaci ya ƙure. Daren ƙarshe, saura awa ɗaya da rabi mu miƙa makulli, waƙa ta takwas ko taɓa ta ba a yi ba. Babu halin bi ɗaya-ɗaya. Na tura su duka huɗun cikin ɗaki guda, na kashe agogon, na ce su yi yadda suke yi ranar Laraba. Sau biyu suka yi, muka ɗauki na biyun. Ƙarar jita ta shiga makirfon ganguna, ganguna sun shiga na murya, babu yadda za a raba. Na tafi gida ina jin kunyar waƙar, har na ba su shawara a cire ta. Suka ƙi, don faifan zai yi gajere.

Wata uku na yi ina haɗa sauti a ɗakina. Nan ne na yi ɓarnar, kuma da kyakkyawar niyya na yi ta. Na bi dukan ganga ɗaya bayan ɗaya, dubbai, ina yankawa ina jawo kowanne kan layi. Inda ƙafarsa ta yi sanyi na cire na sa wani dukan da aka riga aka naɗa, mai ƙarfi iri ɗaya daga farko har ƙarshe. Da ganguna suka miƙe sai jita ta zama kamar tana tangaɗi, ita ma na yanka ta. Numfashin mawaƙi tsakanin baiti, ƙugin yatsa a kan tsirkiya, duk na share. Daga ƙarshe na matse sautin don ya yi ƙara ya kamo na manyan ƙungiyoyi, alhali na san Spotify, manhajar sauraron waƙa, da ire-irensa suna daidaita ƙarar waƙoƙi zuwa mataki ɗaya, wanda ya matse nasa sai a rage masa, ya tashi ba ƙarar ba numfashin. Hannuna na Titin Zoo ne ya dawo, inda tsabta ita ce gwaninta. A can daidai ne, don kiɗan daga na'ura ya fito tun asali. A nan kuwa garin gyaran gira na taɓa ido.

Da azumi ya kama a watan Maris na 2024 na rufe kwamfutar, ban saurari komai ba har bayan salla. Ranar da na sake kunnawa da hutaccen kunne, jikina ya ba ni akwai abin da ya mutu a ciki. Amma an riga an biya masu buga faifai, an sa ranar fitarwa. Na yi shiru. Wannan shirun ya fi yanke-yanken ci mini rai.

A watan Mayu faifan ya fita. Mun buga 200, muka ɗora a Bandcamp, shafin sayar da waƙa a intanet, inda suke cire kashi 15 cikin ɗari na cinikin waƙa, muka kuma sa a Spotify. A wannan shekarar ne Spotify ya fara dokar cewa waƙar da ba a saurara sau 1,000 cikin wata goma sha biyu ba ba ta samun ko kwabo. Cikin takwas ɗinmu guda ɗaya ce ta haye wannan layin, kuma ita ce ta takwas, wadda na so a jefar. Wani mai sharhi a wata 'yar mujallar masu wannan kiɗa ya yaba rubutun waƙoƙin, ya ce aikin sautin tsaf yake, sannan ya tambaya ko ƙungiyar tana da mai ganga ko na'ura ce. Daren ƙaddamarwa a saman wata mashaya, ina tsaye bayan tebur da lemona ina sayar da faifai da riguna, mutum uku daban-daban suka ce mini abu ɗaya ba tare da sun san ni na yi aikin ba: a dandali sun fi faifan nesa ba kusa ba. Riguna ma sun fi faifan tafiya.

Mai gangunan bai yi mini faɗa ba, da ma ya yi. Muna loda kaya a mota ya ce ya kunna wa 'yarsa, ta ce ya iya sosai, shi kuma ya rasa bakin gaya mata ba shi ba ne. Mai jitar, da yake ba ya rabuwa da tarihi, ya tuna mini cewa faifan Black Sabbath na farko a rana ɗaya aka naɗe shi a Landan cikin Oktoban 1969, kusan duk a tare suka kaɗa, ya fita ranar Juma'a 13 ga Fabrairun 1970, masu sharhi suka yi masa kaca-kaca, amma ya kai na 8 a jerin cinikin Birtaniya. Ban ce kowa ya koma 1969 ba. Akwai ƙungiyoyin metal da kiɗansu ke bukatar daidaiton inji, kuma yana yi musu kyau. Waɗannan huɗun dai ba su ba ne, kuma na fi shekara biyu ina jin su duk Laraba, ya kamata in sani.

Na tura wa Umma waƙa ɗaya don ta ga abin da nake yi. Ta kira ni a ruɗe: "Kai, lafiya? Wa ake yankawa?" Na ce waƙa ce a kan kuɗin haya. Ta ce to Allah ya hore masa ya biya ya huta. Oga kuwa ya saurari duka takwas ɗin, ya aiko da saƙon murya. "Yaro, bakwai ɗin nan ai da ka turo mini na buga maka su a fiyano, ka huta da kashe kuɗin Turawa. Ta ƙarshen ce ban san yadda zan yi ta ba." Na ce, "Ranka ya daɗe, ita ce wadda ban taɓa ba." Ya yi dariya har da tari.

Allah ya sa ban goge ainihin abin da muka naɗa ba. A hutun hunturu na buɗe shi, na cire duk yankan da na yi, na mayar da gangunan yadda ya buga su, da saurin amshin da komai. Wuri huɗu kawai na gyara a faifan gaba ɗaya, inda sanda ta kuɓuce masa ko ƙafa ta harɗe, kuma kowanne sai da na kira shi ya ji ya yarda. Kwana tara aikin ya ɗauka. Mun ɗora shi a Bandcamp kusa da na farkon, duk wanda ya sayi wancan ya sauke wannan kyauta. Ba a yi wani rububi ba, faifai 200 ɗin nan ma har yanzu akwai kwali guda a ƙarƙashin gadona.

A motarsa na kunna wa mai gangunan, muna fake a bakin magudanar ruwa ta Digbeth, ana yayyafi. Da aka zo amshin waƙa ta uku, inda yake zabura ya ja sauran, sai na ga ƙafarsa ta dama tana motsi a kan totur. Bai ce komai ba har waƙar ta ƙare. Sannan ya miƙo mini wayarsa ya ce in tura wa 'yarsa.