Daga Yamai zuwa Tawa, ƙasar da ta yi ta tura Zaki majalisa

Motarmu ta bar Yamai bayan sallar asuba, ta bi ta Dosso da Dogon Dutsi har Birnin Ƙonni, inda muka tsaya cin abinci, kafin mu karkata arewa a Tsarnawa mu kama hanyar Tawa. Tafiyar kusan kilomita 550 ce, kuma abin da ya sa na ɗaura niyyarta shi ne in ga ƙasar Adar da idona, domin ita ce ta yi shekara da shekaru tana zaɓen Mahamadou Issoufou, wanda ake yi wa laƙabi da Zaki, ɗan majalisar dokoki, tun kafin duniya ta san shi a matsayin shugaban ƙasa.

Da muka doshi Badagishiri, wani dattijo mai fataucin albasa da ke zaune kusa da ni ya nuna yamma da carbinsa, ya ce: "Ɗana, can ne Illela, kuma a cikin ƙasarta Dandaji yake, garin su Zaki." A Dandaji aka haifi Issoufou a 1952. Ya yi karatun injiniyan ma'adinai a Faransa, ya riƙe shugabancin sashen ma'adinai na ƙasa daga 1980 zuwa 1985, sannan ya yi aiki a kamfanin SOMAIR da ke haƙar yuraniyom a Arlit. A 1990 ne shi da abokansa suka kafa jam'iyyar PNDS-Tarayya.

Na tambayi dattijon: "Baba, me ya sa kuka riƙe shi duk lokacin da ba shi da mulki a hannu?" Ya ce mutumin da ya sha kaye bai gudu ya bar mutanensa ba, ai ba a yada shi. Wannan magana ta zauna mini, domin a ganina shekarun majalisa su ne ƙashin bayan rayuwarsa ta siyasa, ko da yake ba su ne ake yawan ambata ba. Ya zama firaminista a 1993 ƙarƙashin shugaba Mahamane Ousmane, ya ajiye muƙamin a watan Satumba na 1994 bayan saɓani kan ikon ofishinsa, kuma zaɓen Janairun 1995 ya kai shi kujerar shugaban majalisar dokoki, Hama Amadou yana firaminista. Takun saƙar da aka yi tsakanin fadar shugaban ƙasa da masu rinjaye a majalisa ba ta yi wa ƙasar daɗi ba, kuma da ita Ibrahim Baré Maïnassara ya kafa hujja ya yi juyin mulki ranar 27 ga Janairu, 1996.

Daga 1999 zuwa 2009 kuwa, Issoufou ya zauna a majalisa yana wakiltar Tawa, yana jagorancin 'yan adawa. Sau biyu Mamadou Tandja ya kayar da shi a zagaye na biyu, a 1999 da 2004, duk da haka ya ci gaba da zama a zauren har Tandja ya rusa majalisar a watan Mayu na 2009 saboda neman tazarce. Shekara goma a kujerar adawa, a ƙasar da 'yan siyasa da dama kan koma inda maiƙo yake, ba ƙaramin haƙuri ba ne, kuma ina ganin wannan ne ya share masa hanyar nasarar 2011.

Mun shiga Tawa da la'asar sakaliya, ƙura ta yi wa kowa furfura. Bayan magariba na zauna a wata fada kusa da masaukina, ana dafa shayi a kan ɗan murhun waya, wani saurayi yana ɗaga buta sama yana tsiyayawa har kumfa ta cika kofi. Da aka ambaci Zaki, sai fadar ta rabu biyu. Manya suna lissafa kwalta da gine-ginen da garin ya samu, suna tuna cewa ya miƙa mulki a 2021 bayan wa'adi biyu. Samarin kuma suna cewa har gobe cirani ne ke ciyar da gidajensu, kuma tun juyin mulkin 26 ga Yuli, 2023 ba su da zaɓaɓɓen wakilin da za su kai wa kuka. Ba a tashi ba sai da aka sha shayi na uku, kowa yana kan bakansa.