Mako na goma sha ɗaya da sarewar ƙarfe: 'yar gaɓar da ta kai mutane kotu

Salamu alaikum 'yan'uwa masu koyon busa. Mako uku ke nan ban ce uffan ba, har wani ya tambaye ni ko na jingine sarewar ne. Ban jingine ba. Hunturu ne ya tsaga mini leɓen ƙasa, daidai inda bakin sarewa ke zama, kuma da na shafa man kaɗanya sai ƙarfen ya riƙa zamewa yana gangarowa haɓa. Yanzu da dare nake shafa man, da safe in goge tas kafin in ɗauki sarewa. Wanda bai shiga wannan matsala ba tukuna, ga magani tun kafin ciwo.

Na gaji da hawa da sauka a kan do re mi, shi ya sa na ce bari in ɗauki waƙa ta gaske in gwada kaina. Na zaɓi busar da ke cikin Down Under, ta ƙungiyar Men at Work ta ƙasar Ostireliya. Dalilina ba wani mai zurfi ba ne: tun ina yaro nake jin ta a rediyo, kuma a kunne gajeruwa ce, kamar abin da mutum zai kwashe a yini biyu. Yau kwana goma sha tara.

Ga inda ta kayar da ni. Akwai wurin da sauti ɗaya ke maimaituwa da sauri, yatsu ba sa motsi, harshe ne kaɗai ke yanka iskar, tu-tu-tu-tu. Ni kuwa ashe duk makonnin nan da maƙogwaro nake yankawa ban sani ba. A hankali ba a ganewa, amma da na ƙara sauri sai sautin ya koma kamar tarin akuya. Na dawo da manhajar ƙidayar bugu zuwa bugu 60 a minti ɗaya, na cire kan sarewar shi kaɗai, na tsaya gaban madubin banɗaki ina ta tu-tu-tu kamar mai koyon magana. Uwargida ta leƙo ta ce, "Malam, lafiya dai ko?" Na ce lafiya lau, karatu nake. Jiya na kai 84 ba tare da maƙogwaro ya sa baki ba. Waƙar ta fi haka sauri nesa ba kusa ba, amma da babu gara ba daɗi.

Abu na biyu shi ne muryar sama. Na ɗauka ƙarfin hura iska ke kai mutum can. Ba haka ba ne. Ƙofar leɓe ake ƙanƙancewa, a ɗan turo leɓen ƙasa gaba don iskar ta ɗaga sama kaɗan. Ranar da na gane haka, sautin ya fito siriri, tsaf, ba tare da jiri ya ɗebe ni ba.

To, da yake ina sauraron gaɓar nan sau ɗari a rana, sai na ga bai kamata in riƙa kwaikwayon mutum ban san ko wane ne ba. Sunansa Greg Ham. Shi ne mai sarewa, shi ne mai saksafon, shi ne kuma mai madannan kiɗa na ƙungiyar. A birnin Melbon suka haɗu a 1979, su biyar: Colin Hay mai waƙa, wanda aka haifa a Sikotlan iyayensa suka yi ƙaura da shi Ostireliya a 1967, da Ron Strykert mai jita, da Jerry Speiser mai ganguna, da John Rees mai jitar bas, sai Ham. Sun daɗe suna wasa mako-mako a wani wurin shaƙatawa mai suna Cricketers Arms a unguwar Richmond kafin kowa ya san da su. A 1980 da kuɗin aljihunsu suka buga ƙaramin faifai, kuma abin dariya, Down Under a bayan faifan take, ba ita ce ta gaba ba. Na nemi wannan tsohon bugun na saurara. Ya fi tafiya a hankali, ya fi karkata ga rege, har na ji kamar da shi ya kamata in fara.

Kamfanin CBS ya ɗauke su a 1981, aka sake ɗaukar waƙar tare da sauran kundin Business as Usual. Zamanin salon da ake kira new wave ne, kiɗan matasa mai tsabtar sauti da gajerun waƙoƙi, su kuma suka zuba masa ɗan bugun rege da barkwanci irin na mutanen ƙasarsu. Reshen kamfanin na Amurka ya ƙi kundin da farko. Da aka fitar da shi daga baya, mako 15 ya yi a saman jadawalin Billboard na faifan da suka fi kasuwa a Amurka. A watan Janairun 1983 kundin da waƙar suna na ɗaya a Amurka da Birtaniya a lokaci guda, a shekarar kuma suka karɓi kyautar Grammy ta sababbin mawaƙa. Har 'yan jirgin ruwan Australia II da suka ci gasar tseren jiragen ruwa ta America's Cup a 1983 da wannan waƙa suke kirari.

Daga nan sai gangara. Kundi na biyu, Cargo, ya fito a 1983 ya kuma yi kasuwa, amma zaman ya riga ya yi tsami. A 1984 aka sallami Speiser da Rees. Strykert ya tafi ana tsakiyar aikin kundi na uku, Two Hearts, wanda ya fito a 1985 bai yi wani armashi ba. Ham ma ya bi bayansu, zuwa farkon 1986 babu ƙungiya. Shekara bakwai ke nan duka-duka, ganiyar kuwa ba ta wuce biyu ba. Hay da Ham sun sake haɗuwa a 1996, har suka yi wasa a bikin rufe gasar Olamfik ta Sidni a 2000, amma mutum biyar ɗin nan ba su sake zama ƙungiya ba.

Abin da ya tsaya mini a rai shi ne wannan: gaɓar da harshena ke sarƙewa a kai, ita ce aka kai kotu. A 2007 wani shirin kacici-kacici na talabijin, Spicks and Specks, ya tambayi wace waƙar yara ce ke ɓoye cikin busar. Amsar ita ce Kookaburra, wadda wata malamar makaranta, Marion Sinclair, ta rubuta a farkon shekarun 1930, aka san ta ta hanyar ƙungiyar 'yan mata ta Girl Guides. Malamar ta rasu a 1988, kamfanin Larrikin Music ya sayi haƙƙin mallakar a 1990. Bayan shirin nan ne kamfanin ya shigar da ƙara. A Fabrairun 2010 alƙali Peter Jacobson na Kotun Tarayya ya ce an ɗauki gaɓa biyu daga cikin huɗun da waƙar yaran ta ƙunsa, wato rabinta. Kamfanin ya nemi kashi 40 zuwa 60 cikin ɗari na kuɗin da Down Under ke kawowa, aka ba shi kashi 5, daga 2002. Ɗaukaka ƙara ba ta yi nasara ba. Ham ya shaida wa 'yan jarida cewa abin da ke ci masa rai shi ne da kwafi za a riƙa tuna shi. A Afrilun 2012 aka tsinci gawarsa a gidansa a Melbon, yana da shekara 58.

Na zauna na busa su biyun ɗaya bayan ɗaya don in ji da kunnena. Gaskiya layin ɗaya ne, ba sai an yi musu ba. Amma waƙar yaran a kan do take zaune, wato D a nan, fes da fara'a, shi kuwa Ham ya ɗora layin a kan kiɗan da ke zaune a kan la, wato B ƙarama, ga bugu daban a ƙarƙashi. Shi ya sa ƙasa guda ta yi fiye da shekara ashirin da biyar tana jin abin ba ta farga ba. Ku gwada: ku sa wani ya riƙe muku D a madannai ku busa, sannan ya koma B ƙarama ku sake busa abu ɗaya. Ni tsikar jikina ce ta tashi. A ganina hukuncin ya yi daidai da doka, amma bai yi wa mutumin adalci ba. Mu da muka taso muna jin makaɗi ya tsinci karin waƙar gaɗa ko ta daka ya saka a tasa, jama'a su yi shewa don sun gane ta, da wuya mu kira wannan sata. Na san dai wasu cikinku ba za su yarda ba, musamman masu rubuta nasu.

Sai batun sarewar kanta. Ta hannu na saya, kuma tun makon jiya sautin F mai kaifi (F#) ke fita da huci. Na sa siririyar takarda ƙarƙashin kowane maɓalli ina ja, sai na sami ɗaya a hannun dama da takardar ke zarewa ba turjiya, alamar ɗan matashin da ke ƙarƙashin maɓallin ba ya rufe ramin. Mai gyaran da na kai wa ya riƙe ta kwana huɗu ya dawo mini da ita yadda take, ya ce wai bakina ne. Waƙar nan kuwa F da C duk masu kaifi ne, ba yadda za a kauce musu. In akwai wanda ya taɓa canza matashin da kansa, ya gaya mini yadda ya yi bai ɓata komai ba. Kafin nan zan ci gaba da kan sarewar shi kaɗai a gaban madubi, ina neman 90.