Ƙungiyar Asirin da Nake Ƙagawa da Dalilin da Ya Sa Na Ƙi Goyon Bayanta

A cikin labarin da nake rubutawa akwai wata ƙungiyar asiri wadda ba ta taɓa wanzuwa ba sai a kan takardata, kuma mutanenta suna iya taɓa abubuwa uku: lokaci, da mafarki, da abin da ɗan Adam ke tunawa. Na ajiye ta a birnin Kano na zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, wanda ya yi mulki daga 1463 zuwa 1499, sa'ad da Kasuwar Kurmi ke cika da fatake masu ratso hamada. Na tsara ta irin yadda sana'o'inmu na gado suke, da sarkinta, da iyayen gida, da yara masu koyo, da sirrin da ba a buɗe wa bare, kamar dai maƙera da wanzamai.

Ban ba su ikon komawa jiya ko leƙa gobe ba, domin gaibu na Allah ne. Abin da suke yi da lokaci shi ne su zare yini guda daga lissafin gari, jama'a su kwanta ranar Talata su tashi ranar Alhamis ba tare da kowa ya farga ba. Tarihi ne ya ba ni wannan dabara. Larabawan jahiliyya sukan jinkirta wata mai alfarma idan suna son yaƙi, har Alƙur'ani ya yi tir da hakan a aya ta 37 ta Suratut Tauba, kuma a shekarar 1582 wasu ƙasashen Turai sun tsallake kwana 10 da umarnin Fafaroma, aka tashi daga 4 ga Oktoba zuwa 15 ga wata. Wanda ya riƙe lissafin kwanaki ya riƙe wa'adin bashi, da idda, da ranar kasuwa.

Sha'anin mafarki bai ba ni wahala ba. Suna aika wa alƙali ko attajiri mafarki a daren da zai yanke shawara, shi kuwa ya ɗauka ishara ce. A 2021 ma masu bincike sun ba da rahoton cewa sun yi wa masu barci tambayoyin lissafi masu sauƙi, wasu suka amsa da motsin ido alhali suna cikin mafarki.

Inda alƙalamina ya yi nauyi shi ne wajen tunawa, domin a nan ne ƙage ya fi kusantar gaskiya. A 1974 masu bincike Elizabeth Loftus da John Palmer sun nuna wa mutane fim ɗin haɗarin mota, sannan suka canza kalma ɗaya tak a cikin tambayar da suka yi musu, kuma bayan mako guda waɗanda aka yi wa tambaya da kalma mai tsanani sun fi yawan cewa sun ga fasasshen gilashi, alhali babu gilashin da ya fashe. A 2013, a ɗakin binciken Susumu Tonegawa a Amurka, an sa ɓeraye sun ji tsoron wani wuri da ba a taɓa cutar da su a cikinsa ba, ta hanyar kunna wasu ƙwayoyin ƙwaƙwalwarsu da haske. Ƙwaƙwalwa tana sake gina abin da ya wuce duk lokacin da aka tuno shi, saboda haka wanda ya iya shiga tsakani zai iya sauya ginin.

Dattawan ƙungiyar suna kiran aikinsu jinƙai, kuma na yi ƙoƙari in ba hujjarsu cikakken ƙarfi. Wata mata da ɗanta ya rasu ta zo da kuka tana roƙon a cire mata zafin, suka cire mata yaron gaba ɗaya daga zuciya. Ta samu barci, ta koma cin abinci. Amma maƙwabta suna zuwa yi mata gaisuwa tana kallonsu ba ta san na wa ba, mijinta ya rasa wanda zai yi zancen yaron da shi, kuma uwar da ta fi kowa cancantar yi masa addu'a ba ta ƙara yi ba. A ganina wannan zalunci ne ko da ita ce ta nema, domin haƙuri da ladan da ke cikinsa suna buƙatar mutum ya san abin da ya rasa. Ɓarnar kuma ba ta tsaya a kanta ba, tunda shari'a a gaban alƙali ta dogara da shaidu, kuma garin da ake iya gyara tunanin shaidunsa maraya ba zai taɓa karɓar gadonsa a cikinsa ba.

Shi ya sa jarumar labarin ta kasance yarinya mai koyo, wadda ta ce wa uban gidanta: "Baba, idan mun shafe mata shi, wa zai tuna cewa mu ne muka yi?" Dokar ƙungiyar ta haramta rubutu, don haka ta fara rubuta duk abin da aka shafe da ajami a ɓoye. Ta san hukuncin mai karya doka shi ne a mantar da shi kansa abin da ya sani, saboda haka take kai takardun wurin wani malami a unguwar Madabo, wanda ya yi mata alkawarin karanta mata su ranar da ta zo ba ta gane shi ba. Babin da nake kai yanzu shi ne na zuwan wannan rana.