Abin da na rubuta wa wanda zai gaje ni game da FileZilla

A ƙarshen wannan wata zan miƙa makullin ofishin da na yi shekara uku ina aiki a cikinsa a nan Yamai, inda muke gina wa ƙungiyoyi da 'yan kasuwa shafukan intanet. Matashin da zai gaje ni ya roƙe ni in rubuta masa yadda ake saita FileZilla, manhajar da muke ɗora fayiloli da ita, domin shiga uwar garke, wato kwamfutar da shafin intanet yake zaune a kanta. Saitin kansa bai wuce gurabe huɗu ba, wato adireshin uwar garke, sunan mai shiga, kalmar sirri da lambar ƙofa, kuma zai iya shi cikin minti biyar. Abin da na fi so ya sani shi ne abin da ya same ni a shekarata ta farko.

Wata ƙungiya da muke wa aiki tana da uwar garke biyu, ɗaya ta gwaji, ɗaya kuma wadda jama'a suke gani, ni kuwa na adana su a jerin wuraren shiga da sunaye waɗanda harafi ɗaya kawai ya raba su. Wata Alhamis a cikin zafin Afrilu wuta ta yi ta ɗaukewa, ina gaggawa in gama kafin batirin kwamfutata ya mutu, sai na jawo dosiyen aikin gaba ɗaya daga ɓangaren hagu (kwamfutata) zuwa na dama (uwar garke), ban lura cewa wadda jama'a suke gani na shiga ba. Da manhajar ta tambaye ni ko ta maye gurbin fayil ɗin da ta tarar, na amsa mata, har na ƙara da cewa ta yi haka ga sauran duka ba tare da ta sake tambayata ba. A cikin abin da na danne akwai wp-config.php, fayil ɗin da WordPress, manhajar da shafin yake gudana a kanta, yake karanta sunan rumbun bayanai da kalmar sirrinsa. Shafin ya mutu nan take, alhali washegari ce ranar ƙarshe ta karɓar takardun masu neman aiki a ƙungiyar. Abin da aka danne ta wannan hanya ba ya faɗawa kwandon shara balle a tsamo shi, shi ya sa sai gab da asuba na sake haɗa fayil ɗin da hannu.

Da safe shugaban ofis ya tara mu, ya ce a gaban kowa ban san aikina ba, sannan ya yanke jika 25 daga albashina. Jawo dosiyen laifina ne, ban taɓa musun haka ba. Sai dai bai faɗa wa taron cewa sau biyu na nemi a riƙa biyan kuɗin ajiyar kwafi ya ce almubazzaranci ne ba, kuma bai ambaci cewa mu biyar da suna ɗaya muke shiga ba, da kalmar sirrin da ya tura mana a zauren WhatsApp. Laifi tudu ne, ya taka nasa ya hango nawa. A lokacin ma ta ƙofa mai lamba 21 muke shiga, wato tsohon tsarin FTP da aka fara tsarawa tun 1971, wanda yake aika kalmar sirri a fili yadda duk mai leƙen hanyar zai iya karanta ta.

Ba tare da jiran izinin kowa ba na mayar da mu SFTP, wanda yake bi ta ƙofa ta 22 yana kuma ɓoye duk abin da ya ratsa. Uwar garken da jama'a suke gani na ba ta jan launi a saitin FileZilla, domin ido ya tsorata kafin hannu ya motsa. Ina sauko da kwafi kafin in ɗora komai. Na sa babbar kalmar sirri, tunda in babu ita manhajar tana ajiye sauran a yanayin da ba shi da wuyar warwarewa. Idan haɗi ya yiwu amma jerin fayiloli ya ƙi fitowa a FTP, a duba yanayin haɗi da ake kira fasif (passive) a saitin FileZilla. Kada a ba fayil izinin 777, lambar da take ba kowa damar karanta shi da sauya shi. 644 ya ishe shi, dosiye kuma 755.

Tun daga wannan dare babu shafin da ya sake faɗuwa a hannuna. Shugaban bai taɓa yin magana a kan haka ba, kuma shekaranjiya na ga ya tura wa sabon matashin kalmar sirri a zauren nan na WhatsApp.