Tarihin Rayuwata, Kashi na 9: Daren da aka kawo majigi

Makon jiya na tsaya inda kawu ya sama mini aikin wanke kofuna wurin wani mai shayi a bakin kasuwar Katako, a Yamai. Ɗakin da aka ba ni mu biyu ne, ni da wani dattijo Bazabarme mai gyaran keke. Hausarsa ba ta wuce ta ciniki ba, ni kuwa na baro Tawa ko gaisuwa ban iya da Zabarmanci ba. In ya sayo tuwo, da haɓa yake nuna mini in matso. Mu ci, mu wanke hannu, kowa ya juya wa ɗan'uwansa baya.

Wata Asabar wasu samari suka kawo majigi unguwa, suka ɗaure farin ƙyalle jikin bangon lakwal. Kafin babban fim suka saka wani ɗan guntu da bai fi minti 5 ba, Bon Voyage Sim, wanda Moustapha Alassane, mai shirya fim ɗan Nijar, ya yi a 1966. Zane ne baƙi da fari, kwaɗi zalla. Shugaban ƙasar kwaɗi ne aka gayyata ziyara maƙwabta, ana ta yi masa fareti da girmamawa irin ta manya. Babu wanda ya nemi tafinta. Duk wanda ya taɓa shan rana a bakin titi yana jiran wucewar wani babba ya gane zancen.

Tsohon nan da ban taɓa ganin haƙoransa ba sai ga shi yana dariya har da tari. Ya kumbura kumatu, ya turo ciki, ya sara mini. Na rama.

A hanyar gida na bugi ƙirji na ce, "Baba, Alassane namu ne, Tawa!" Don a can ya zauna shekara da shekaru, Allah ya jiƙansa, ya rasu a 2015. Tsoho ya tsaya cak, ya kaɗa yatsa, ya nuna kudu wajen kogi: "N'Dounga!" Ashe can aka haife shi, a 1942. Muka yi ta musu, shi da harshensa ni da nawa, har mai gida ya buga mana ƙofa.

Da safe ya miƙo mini sifana, ya ja ni rumfarsa. Yadda kawu ya ɗauki wannan magana, sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu.