Asabar, da gardamar Fredo a zaure

Haƙorin ya lafa, alhamdu lillahi. Kanumfarin Inna ya yi aiki, masu tambaya na gode. Koko da ƙosai, na sauke yara a islamiyya, na leƙa shago, ciniki sai a hankali. Labarin safiya ke nan.

Bayan la'asar ne abin ya faru. Auta ya shigo zaure da kwamfutarsa, wai mu ɗora daga inda muka tsaya jiya a kashi na biyu na fim ɗin The Godfather, na 1974 ɗin nan. Ni da shi da Yaya, sai Kawu da ya zo karɓar cajarsa, ya ga an baza tabarma ya nemi wuri. Auta ne tafinta kamar kullum, rabi fassara rabi ƙarin gishiri.

Muka zo wurin da Michael ya tsare wansa Fredo a ɗakin nan na bakin tafki, bayan asiri ya tonu cewa da hannun Fredo a harin da aka kai masa. Michael na tsaye. Fredo kuwa yana cikin wata kujera mai kwanciya baya, ya nutse a ciki. Yana so ya ɗaga murya ya ce shi ne babba, an tsallake shi an ba ƙane, amma duk lokacin da ya yunƙura zai miƙe sai kujerar ta mayar da shi. Muryar ta tsinke, hannuwan suna rawa, gashin nan ya barbaje a goshi. Ni dai tsigar jikina ta tashi.

Sai Auta ya danna tsayawa, ya ce, "Wallahi Yaya ƙarami, wannan ba wasa yake ba. Haka Allah ya yi shi. Raggo kawai suka samo a titi suka ajiye gaban kyamara."

Kawu ya tuntsire da dariya, ya ce a dubi goshinsa ma.

Na ce ɗan wasan sunansa John Cazale. Aka yi tsit, ba wanda ya taɓa ji. Auta da zai karanto maka tarihin Al Pacino da Robert De Niro tiryan-tiryan, ya ce wa? Fim nawa ya yi? Na ce biyar. Dariya ta sake ɓarkewa. Kawu ya ce a nan garin ai mutum kan yi biyar tsakanin ƙaramar salla da babba.

To, biyar ɗin ga su: The Godfather a 1972, The Conversation da kashi na biyun nan duk a 1974, Dog Day Afternoon a 1975, sai The Deer Hunter a 1978. Babu ɗaya a ciki da bai shiga takarar fim mafi kyau na shekara a kyautar Oscar ba, uku kuma sun lashe. Na ce wa Auta ya kawo min wani ɗan wasa mai irin wannan lissafi. Ya ce sa'a ce. Na ce sa'ar da ta zo sau biyar a jere ta ci a canza mata suna. Abin haushin ma, shi kansa Cazale ko sau ɗaya ba a sa sunansa a takarar Oscar ba, alhali abokan wasansa sun yi ta shiga.

Batun titi kuwa, har da ɗan gaskiya a bakin Auta, sai dai ba yadda yake nufi ba. Mutumin an haife shi a jihar Massachusetts a 1935, ya karanci wasan kwaikwayo a jami'ar Boston, sannan ya yi shekaru yana wasan daɓe, abin da ba ya ciyar da mai yinsa. Ya tuƙa tasi. Ya yi aikin masinja a kamfanin mai na Standard Oil a New York, can ya haɗu da wani masinjan, shi ne Al Pacino. A 1968 su biyun suka fito tare a wani wasan daɓe na Israel Horovitz, kowannensu ya samu kyautar Obie, wadda ake ba 'yan ƙananan gidajen wasa na New York. A kan dandali mai zaɓen 'yan wasan The Godfather ya gan shi ya ce ga Fredo. Lokacin ya haura shekara 35. Raggon da aka tsinto a titi ke nan.

Auta bai saduda ba. Ya ce, "To in ya iya haka, me ya hana shi zama jarumi?"

Wannan tambayar ce ta tsaya min a rai, don a lokacin amsar da na bayar ba ta gamsar da kowa ba. Tun muna yara muka saba raba 'yan fim gida biyu, jarumi da bos, saura duk 'yan rakiya. Amma ni a ganina fitowa a jarumi akwai sauƙi a ciki: haske naka, kiɗa naka, masu kallo tun kafin ka buɗe baki suna bayanka. Mai fitowa a wanda aka raina fa? Yawanci za ka ga ɗan wasa ya mayar da abin barkwanci, yana ɗan nuna wa masu kallo cewa ku kwantar da hankalinku, ni ba haka nake ba a gida. Cazale ba ya barin wa kansa wannan ƙofar. A kashi na farko, da aka harbi ubansu a bakin titi, bindiga ta suɓuce masa, ya zauna dirshan a gefen hanya yana kuka yana kiran baba. Bai sassauta kunyar ba ko kaɗan. Shi ya sa Auta ya rantse ba wasa ba ne, kuma bai san yabo ya yi ba.

Na ba su labarin Dog Day Afternoon, inda ya fito a Sal, abokin fashin banki. An kewaye su, suna neman jirgin da zai fitar da su daga Amurka, Pacino ya tambaye shi wace ƙasa yake so su je. Ya ɗan yi shiru, fuska a murtuke, ya ambaci Wyoming, wadda jiha ce a cikin Amurkar. Ba ya cikin rubutun, nan take ya ƙirƙiro, darakta Sidney Lumet ya bar shi. Za ka yi dariya, kafin ka rufe baki tausayi ya kama ka, don ka gane mutumin nan bai san komai game da duniya ba, ga shi riƙe da bindiga. Kawu ya ce ya san irinsu.

Ƙarshensa ne ban so faɗa ba, Kawu ya matsa. A 1976 ya yi wasan Shakespeare a filin Central Park tare da wata matashiya da ba a san ta sosai ba tukuna, Meryl Streep, soyayya ta shiga tsakaninsu. Ba a jima ba aka gano yana da sankarar huhu. Da ciwon ya shiga The Deer Hunter, fim ɗin yaƙin Biyetnam, darakta Michael Cimino ya fara ɗaukar fitowarsa kafin ta kowa don ana tsoron lokaci. Ya rasu a watan Maris na 1978 yana da shekara 42, ita ce ta yi jinyarsa har ƙarshe. Fim ɗin ya fito a ƙarshen shekarar, bai gani ba.

Duk surutun nan Yaya bai ce uffan ba. Yana jingine da bango, carbi a hannu, ido a kan hoton da Auta ya tsayar, Fredo da baki a buɗe cikin kujera. Da Auta ya ce koma mene ne dai maci amana ne, Michael ya yi daidai, sai Yaya ya ce, "Uban ne bai kyauta ba." Ya ɗauki buta ya fita, alhali da sauran lokaci kafin a kira magariba.

Kawu ya shiga neman cajar da ke cikin aljihunsa.

Waɗanda suka daɗe suna karanta ni sun san ni Baba ya miƙa wa makullan shago kafin ya kwanta ciwo, sun kuma san Yaya ya girme ni. Ban roƙa ba, kuma har gobe ina ganin lissafin Baba na kasuwa daidai ne. Yaya bai taɓa ɗaga min murya a kai ba. Amma ni ke sa hannu, ni dillalai ke kira, in babur ɗinsa ya lalace wurina yake zuwa, ya tsaya a bakin kanta sai masu saye sun ragu. Ni ina ta zuba bayani a kan iya wasan wani Ba'amurke da ya mutu tun kafin a haife ni, shi kuwa ban san abin da yake gani a kujerar nan ba. Ko na sani ne ban so in duba.

Sauran fim ɗin ni da Auta muka ƙarasa bayan isha'i. Ba daɗi.

Tuwon dare miyar kuka. Maman yara ta ce fuskata kamar an aiko min da sammaci. Aka ɗauke wuta wajen tara, zafi ya dawo. Ƙaramar ta ɓatar da takalmin islamiyya, ƙafa ɗaya.

Ɗazu saƙon Yaya ya shigo a WhatsApp, ba sallama ba komai: wancan na fashin bankin, mutumin yana da fitowa da yawa a ciki? In Auta ya samo a kira shi. Na ce to, in sha Allah. Ban gaya masa a can ma harbe shi ake yi a ƙarshe ba.