Mai riga lamba 68 a garin Kladno

Dattijon da nake haya a gidansa a birnin Prague na Jamhuriyar Cek shi ya fara kai ni kallon wasan hoki na ƙanƙara. Tsohon ma'aikacin masana'antar ƙarfe ne, haifaffen Kladno, wani gari da bai wuce tafiyar kilomita 25 daga Prague ba. Baba nake ce masa, kuma tun ranar da na faɗa masa ma'anar kalmar ya riƙe ta hannu bibbiyu. Wata rana a farkon 2023 ya ƙwanƙwasa min ƙofa da tikiti biyu a hannunsa. Ya ce in ninka safa, in ɗauko hular sanyi, yau zan ga mutumin da garinsu ke tunƙaho da shi.

Ni ɗan Zariya ne, da ƙwallon ƙafa na tashi, don haka duk abin da na gani a filin nan sabo ne a wurina. Kunnena ya riga idona fahimtar wasan. Ƙarfen da ke ƙarƙashin takalman 'yan wasa yana yankar ƙanƙara kamar mahauci na wasa wuƙa. Abin da suke bugawa da sanda wani baƙin faifan roba ne da bai kai tafin hannu ba, amma idan ya daki katangar fili sai ka ji kamar an tashi bindigar toka. Mutum shida ne a kowane ɓangare har da mai tsaron gida, ana yin zango uku na minti 20, kuma saboda tsananin gudu da wuya ɗan wasa ya wuce minti ɗaya a ciki. Sai ka ga sun tsallake katanga sun fita, wasu sun diro, wasa bai tsaya ba.

Can sai fili ya ɗauki ihu. Baba ya damƙe min hannu ya ce, "Ga shi nan, ɗana, dubi lambar." Riga mai lamba 68, mai ita ƙato, gemunsa duk furfura. Jaromir Jagr ke nan, da "Yagar" ake furta sunan, kuma a lokacin yana gab da cika shekara 51.

Samarin sun fi shi gudu, wannan a fili yake. Amma akwai abin da na ga ya yi a kusurwar fili wanda har yau nake tunawa. Ya karɓi faifan, ya juya wa abokan hamayya baya, ya ɗan durƙusa ya buɗe ƙafafu. Yara biyu da ba su kai rabin shekarunsa ba suka taso masa, ɗaya na tura shi ta baya, ɗaya na zura sanda ta gefe. Ko gezau. Ya riƙe faifan can nesa a bakin sandarsa, kansa a ɗage yana duban fili kamar mai jiran mota a tasha, har sai da ɗan wasansu ya iso inda yake so, sannan ya miƙa masa. An ce tun yana ɗan shekara bakwai yake yin tsugunna-tashi sau dubu a rana. Da na ga ƙafafun nan na gaskata.

A Kladno aka haife shi, ranar 15 ga Fabrairun 1972, lokacin ƙasar tana Cekoslobakiya a ƙarƙashin mulkin kwaminisanci. A wancan zamanin ɗan wasan da ke son zuwa gasar NHL ta Amurka da Kanada galibi sai dai ya gudu ya bar gida. Haka Peter da Anton Stastny suka yi a 1980, suka sulale daga wata gasa a Ostiriya suka nufi Quebec ta Kanada. Shi Jagr ya zo a kan gaɓa: mulkin ya faɗi a ƙarshen 1989, a 1990 kulob ɗin Pittsburgh Penguins ya ɗauke shi a matsayi na biyar a zaɓen matasa, ya tafi da rana tsaka ba tare da ɓuya ba. Kafin ya cika 21 ya ɗaga kofin Stanley, na zakarun NHL, sau biyu, a 1991 da 1992, tare da tauraron kulob ɗin, Mario Lemieux. Lambar da ya zaɓa kuwa ta 1968 ce, shekarar da tankokin Tarayyar Sobiyet suka shigo Prague, kuma shekarar da kakansa ya rasu, manomin da gwamnati ta ƙwace wa gona ta kuma ɗaure shi.

Sau biyar ya fi kowa maki a kakar NHL. Maki a wannan wasa shi ne cin da ka yi da kanka haɗe da wanda ka ba wani ya ci. Ya tara 1,921 a wasanni 1,733, daga ciki 766 cinsa ne, kuma Wayne Gretzky kaɗai ke gabansa a yawan maki a tarihin gasar. Wannan fa duk da kaka uku da ya tafi ya yi a Omsk ta Rasha daga 2008 zuwa 2011.

Baba bai cika damuwa da waɗannan alƙaluma ba. Shi labarinsa Nagano ne, gasar Olamfik ta 1998 a Japan, karon farko da taurarin NHL suka halarta. A wasan kusa da na ƙarshe Jamhuriyar Cek, da Jagr a cikin 'yan wasanta, ta haɗu da Kanada, aka tashi kunnen doki, aka je bugun daga kai sai mai tsaron gida. Mai tsaron gidan Cek, Dominik Hasek, ya hana 'yan Kanada biyar ci, ɗaya bayan ɗaya, Robert Reichel ya ci wa Cek guda. A wasan ƙarshe suka doke Rasha da ci ɗaya mai ban haushi, na Petr Svoboda. Saboda bambancin lokaci da sassafe aka kalla a nan. Baba ya ce ya fito kan titi da takalmin ɗaki a cikin sanyin Fabrairu, ya rungume maƙwabcin da suka shekara ba sa ga-maciji. Duk sa'ad da ya kai nan a labarin sai muryarsa ta canza.

Ni kuma abin da ya sa nake girmama Jagr ya zo ne bayan duk wannan. A Janairun 2018 ya bar Calgary, kulob ɗinsa na ƙarshe a NHL, yana da shekara 45. Yana da dukiyar da zai zauna a ko'ina ya huta. Sai ya dawo Kladno, kulob ɗin da ya raine shi, wanda mahaifinsa ya daɗe yana shugabanta kafin shi ya karɓi ragamarsa a 2011. Ya tarar da shi a rukuni na biyu. Ya zama shi ne mai kulob, shi ne mai neman masu ɗaukar nauyi, shi ne kuma mai saka takalmi ya shiga fili. A Afrilun 2019, yana da shekara 47, ya ci huɗu a wasa ɗaya suka haura babban rukuni. Sun sake faɗowa, suka sake hawa a 2021. Shi da kansa ya bayyana cewa idan ya ajiye sanda masu ba da kuɗi za su janye, kulob ɗin na iya durƙushewa. A Maris ɗin 2022 ya mayar da wasan gida na Kladno babban filin Prague, aka ba da kuɗin ƙofa ga 'yan gudun hijirar Yukiren. Pittsburgh ta jingine lamba 68 a Fabrairun 2024 don girmama shi, wato ba ɗan wasanta da zai sake saka ta, alhali mai lambar bai daina wasa ba.

Da muka fito daren nan kafaɗuna sun ƙage don sanyi. A motar komawa Baba ya goge raɓar gilashi da hannun rigarsa, ya nuna min inuwar tsofaffin gine-ginen masana'antar da ya yi wa aiki tun yana saurayi. Ya ce yawancin abokan aikinsa sun watse, 'ya'yansu sun koma Prague da Jamus, amma ranar wasa a fili yake ganin waɗanda suka rage. Ya yi shiru na ɗan lokaci, sannan ya juyo ya tambaye ni ko akwai kulob a garinmu, da kuma yaushe zan gama karatu in koma. Na ce masa saura shekara biyu, in Allah ya yarda.